Lauyar da Ba Ta Rubuta wa Ɗalibi Ƙara

Tun da sassafe Doña Nicolasa Perea take buɗe ɗan ofishinta na bayan kasuwar garin Quibdó, ta jingine laima, ta ɗora baƙin kofi. Lauya ce, amma ba za ka ga attajirai masu haƙar zinariya a bencinta ba. Mutanenta ɗaliban jami'a ne, waɗanda suka nemi a sake duba jarrabawarsu aka bar su da "ku dawo gobe".

Kuma ba ta rubuta wa kowa ƙara. Kai za ka rubuta da hannunka, ka miƙe ka karanta da ƙarfi har muryarka ta daina rawa.

Ku tambayi Yurledis Cuesta. Darasi ɗaya ya rage mata ta gama karatun likita, malamin ya kayar da ita da maki kaɗan. Ta nemi a ba wani malami takardar ya duba, aka yi ta ja mata rai wata da watanni, ga bikin yaye ɗalibai ya matso. In ya wuce ta, babu sunanta a ƙuri'ar tura sababbin likitoci ƙauyuka, shekara ta tafi a banza.

"Lauya, in na kai su kotu, wa zai sa mini hannu a takardar shaidar gama karatu?" in ji Yurledis.

"To koma ki ci gaba da gaishe su, 'yata, har ki yi furfura a ƙofarsu. In ba haka ba, tashi ki karanta ƙarar da kika rubuta!"

Ta fara, kuka ya ƙwace mata. Doña Nicolasa ko gezau, ta ce, "Sake." Wata mai sayar da ayaba ta leƙo ta taga: "Haba likita, ba ma jin ki!"

Da sammaci ya isa jami'ar, shugaban sashe ya kira Yurledis ita kaɗai, ya ce ta janye, za a san yadda za a yi. Babu lauya a ɗakin. Yarinyar ta dube shi ta ce, "Ba maki na zo roƙo ba, farfesa. A buɗe takardata. In na faɗi, na faɗi."

Alƙali ya tilasta aka buɗe. Ashe ta ci!

Doña Nicolasa, ke ce kika hana 'ya'yan talakawa sunkuyar da kai a kan haƙƙinsu. Wasu sun yi nasara, wasu aka duba suka sake faɗuwa, amma ba wanda ya tsufa yana jiran amsa. Mun gode, uwar masu ƙara. Wallahi ritayar nan taki ta yi mana ciwo.

Ku kuma lauyoyin garin nan, kada ku bari ofishin nan ya koma shagon takalma. Masu cewa "ku dawo gobe" sun ji labarin tafiyarta, har sun fara murna. Wani ya zo ya karɓi makullin, ya katse musu ita.