Fuskar Tonton a Jikin Tukunya

Ku da kuka san Tonton Mamman kun san ba a gaisawa da shi sai ya gyara wa mutum tsayuwa. Ka miƙa hannu, ya kama kafaɗarka ya juya ka wajen taga. "Yauwa, yanzu na ga mutum. Ina kwana?"

Ɗan Damagaram ne. Ya ƙare ƙuruciyarsa yana riƙe wa masu finafinan Faransanci kyamara, daga Yamai har Faris, tsufa kuma ya jefo shi Guangzhou ta ƙasar Sin yana ɗaukar mana bidiyon kaya muna tura wa kwastomomi a Kano. Bayan mun binne shi, 'yarsa Hadiza ta kira ni daga gida. Rabonta da shi tun tana firamare. Ta ce, "Kawu, ko hoto ɗaya ne, in nuna wa yarana." Na ce wannan ai mai sauƙi ne. Ashe ban sani ba!

Mutumin da ya shanya abokin kasuwancinmu Alhaji Sabo da kwalin takalma, ga motar ɗaukar kaya za ta wuce filin jirgin Baiyun, wai shi sai rana ta sauko.

"Tonton, takalmi ne fa, ba amarya ba!"

"Shi ya sa. Amarya tana murmushi da kanta. Takalmi sai an taimake shi."

A unguwar Tianhe kuwa, shiga shagon wani Basine ya yi ya kashe masa fitilu ba sallama, wai hasken asibiti ne. Mai shago ya taso yana kumfar baki. Tonton ya ce, "Lawban," wato maigida, "kawo fitila mai ɗumi." Wancan ya ce, "Meyo!" wato babu. Tonton ya kwance farin rawanin Alhaji Sabo ya rataya a taga don ya tace hasken rana. Alhaji ya yini da kai ba rufi, kuma har yau bai huce ba.

To, ranar Sallah ɗalibanmu da ke karatu a nan suka so ya shigo hoto. Ya ƙi ƙememe.

"In na shiga, wa zai ɗauka?"

"Ai waya ce, Tonton, da kanta take ɗauka."

"Na gani. Duk kun fito kamar ɓarayin awaki."

Mun sha dariya a lokacin. Da na bi wayoyin jama'a daga Xiaobei har titin Huanshi ban samu ko ƙeyarsa ba, sai dariyar ta ɗauke. Wallahi na yi kewar ɗan rigimar nan.

A wani tsohon bidiyon tukwanen silba na same shi. Ga shi nan a jikin tukunya, fuska ta miƙe, ido ɗaya a rufe. Da ya lura da kansa, da tuni ya goge. Na tura wa Hadiza, ina ba ta haƙuri.

Da ta gani ta ce, "Kawu, ashe ya yi furfura."

Allah ya jiƙanka, Tonton. Allah ya haɗa fuskarka da ta Hadiza a Aljanna.