Wendell Pruitt Ya Sauko Daga Tsani

Ana ta yaɗawa a garinmu wai Wendell Pruitt ya saki matarsa ya auri kifi, wai har fasto ya shiga ruwa iya wuya ya ɗaura auren. Ƙarya ce. Ni ɗan kawunsa ne, tare muka yi rarrafe, da an yi biki da ni zan fara cin shinkafar. Matarsa Dovie tana nan a ɗakinta. Gaskiyar maganar ita ce, idan Afrilu ya kama, sai dai ta riƙa ganin mijinta daga nesa, a kan tsani, a tsakiyar rafin Swan.

A bakin rafin nan aka haife shi. Makaranta ta gan shi sama-sama, don duk shekara idan sanyi ya ja jiki, kifin nan mai-tsotso ya baro tafki ya hauro rafi zai zuba ƙwai a kan tsakuwa, ajinmu yakan koma sai malama da kujeru. Kifi ne mai baki a ƙasa kamar tsohon da ya yi fushi, abincinsa 'yan ƙwarin gindin duwatsu. Amma a lokacin nan ko ka yi masa miya ba zai kalli ƙugiya ba, hankalinsa yana wani wuri. Sai dai ka kafa tsani a ruwa, ka jera fararen duwatsu a ƙasa, ka kwantar da ƙatuwar ƙugiya mai baki uku, idan inuwarsa ta gifta ka fizga. Wendell yana ganin kifi tun kifin bai yanke shawarar tahowa ba. Ni kuwa na taɓa fizgo takalmina da ƙafata a ciki.

Ya yi aikin injin katako har kunnensa ɗaya ya mutu, ya auri Dovie da bokitin kifi, suka haifi 'yan mata suka aurar. Duk suyar kifin da coci ta yi, rabin abin da ke cikin mai nasa ne. Aibinsa ɗaya, ba ya zama ya gyara kifin da ya kama. Mai-tsotso ƙaya gare shi kamar tsintsiya, sai an yi masa tsaga ƙanana kusa da kusa kafin a birkiɗa shi a garin masara, sannan mai ya narkar da ƙayar. Wendell ya ce wannan aikin masu ciwon gwiwa ne.

Sai ga Harlan, tsohon mai raba wasiƙa, matarsa ta rasu, ya sayi gida a ƙasan rafi. Bai iya kama komai ba, amma wuƙa a hannunsa kamar allurar tela. Ranar suya Dovie ta ɗauki yanka ɗaya daga tirensa, ta tauna, ta lumshe ido.

"Harlan, wannan ai ko jariri ya ci. Ba ƙaya ko ɗaya."

Ta ƙara na biyu. Da kunnen da ya mutu Wendell ya ji wannan magana.

"Ni na kama shi," ya ce.

"Na sani, Baban yara. Shi kuma ya sa ya ciwu."

Tun daga ranar tsanin ya juya. Da yana fuskantar ruwa, yanzu yana fuskantar gaɓa, inda Dovie take zaune tana kankare ɓawon kifi, Harlan a gefenta yana tsaga yana ba ta labarin karnukan da suka cije shi a bakin aiki. Idan ta yi dariya tsanin sai ya yi rawa. Kifi suna wucewa kan fararen duwatsu garke-garke, har suna yi masa sallama, ƙugiya tana kwance. Ran nan ya koma gida da bokiti wayam, abin da ko kakarmu ba ta taɓa gani ba.

Washegari ya miƙo mini sandar.

"Hau, ɗan kawu. Kada ka kama takalmi."

Tsanin da na yi shekaru ina haɗiyar yawu a kansa. Shi kuwa ya fito gaɓa, ya cusa kujerarsa tsakanin Dovie da Harlan, ya zaro wuƙar da ta fi dacewa da fiɗar barewa. Kafin azahar yatsunsa sun fi kifin samun tsaga. Dovie tana ɗaure masa su da tsumma tana cije leɓe, ba ta ƙara waiwayar labarin karnuka ba.

Daga saman tsani na hango abin da kowa a nan ya sani: idan macen mai-tsotso za ta zuba ƙwai, maza biyu ne suke raka ta, ɗaya dama ɗaya hagu, ba cizo ba harara.

"Wendell," na ce, "zo ka ga darasi. Mace ɗaya, maza biyu, zaman lafiya. Ka yi koyi da kifi mana."

Ko ɗago kai bai yi ba.

"Kai ai ka yi koyin. Shi ya sa taka matar take can garin Springfield a gidan mai sayar da taya. Kalli ruwa, kifi na wucewa."