Muryar Mutumin Japan da Ƙanen Kakata

A unguwar Madain Fahd ta Jidda na tashi, mu bakwai a ɗaki biyu. Bayan magariba kakata Hajiya Ladi takan hau saman soro ta hura gawayi ta ɗora shayi, mu kewaye ta. Wuni take yi tana sayar da gyaɗa da yaji a bakin titi, shi ya sa sau da yawa tatsuniyarta ba ta kaiwa ƙarshe, gyangyaɗi ke kwashe ta.

Babana direba ne a unguwar Abhur, wajen wani injiniya ɗan Japan. Da mutumin zai koma ƙasarsu sai ya bar masa kaset. Muka sa a rediyo, wata siririyar murya ta tashi a hankali, kamar ta mai lallashin jariri. Baba ya ce ai namiji ne, ɗan ƙasarsu maigidan nasa, tsofaffin waƙoƙin Turawa yake rerawa, kuma wata waƙa da ya yi wa fim ce ta sa duk Japan ta san shi. Muka kwashe da dariya. Kaka ba ta yi ba.

"Ku bar dariyar nan," in ji ta. "Na taɓa jin irinta."

Ta ce tana da ƙane, Sale, wanda muryarsa ba ta buɗe ba har ya yi gemu. Saboda tsokana ya daina magana cikin mutane. Da suka taso aikin hajji a ƙafa, a wani dajin Sudan guguwa ta raba ayarinsu, mata da yara suka ɓace, har da ita. Maza suka yi ta kira har muryoyinsu suka dushe. Sai Sale ya hau tudu ya rera waƙar daka ta garinsu. Muryar ta keta iskar, suka bi ta har suka iso.

Na tambaye ta ko daga nan aka daina yi masa dariya.

"Kwana uku," ta ce. "Halas, shi ke nan. Yalla, ku kwashe kofunan."

A Sawakin, tashar jirgin ruwa ta Sudan, Sale ya rasu, bai ga Jidda ba.

Da ina yaro haushin labarin nake ji, don ba haka tatsuniya ke ƙarewa ba. Yanzu na daɗe ina ɗaukar kaya a Madinar Masana'antu ta Jidda, iƙamata, wato takardar zamana, a hannun kafili, ubangidan da ya tsaya mini. Ranar da aiki ya cije da sunana ake kirana, washegari in koma "ya Takruni" kamar kowane baƙin mutum. A nan na gane Kaka ba darasi take koya mana ba. Shekara da shekaru ba wanda ya tambaye ta Sale, kuma ta gaji da tuna shi ita kaɗai.