Farin Dutsen da Na Jefa a Jakata

Assalamu alaikum Edita, da ku masu karatu. Na daɗe ina juya wannan labari a raina, yau dai na ce bari in sauke shi a shafinku, ko wata mai hali irin nawa za ta tsinci wani abu a ciki. Ba zan ambaci sunan kowa ba, domin waɗanda abin ya shafa suna nan da ransu, wasunsu ma har gobe suna tsokanata da shi.

A lokacin shekarata goma sha tara, na gama sakandare ina jiran sakamako. Muna zaune a Nassarawa GRA, a ɗaya daga cikin tsofaffin gidajen nan masu faɗin fili da manyan itatuwan mangwaro. Shekarun da kuɗin mai ya shigo ne, aka ƙara wa ma'aikata albashi, kusan kowane gida a layinmu sai da ya sauya mota ko ya sayi talabijin. Ni kuwa duk wannan bai dame ni ba. Ina da wani littafin rubutu mai shuɗin bango da nake zuba waƙoƙina a ciki, kuma ni ce irin yarinyar da za a aika kicin ɗauko gishiri, a tarar da ita bakin taga tana kallon ruwan sama. Gwaggona, yayar Baba, wadda ke zaune tare da mu, takan ce gangar jikina ce kawai a Kano, hankalina yana can inda gajimare ke kwana. Wani halin nawa kuma shi ne tsince-tsince. Gashin tsuntsu, busasshen fure, bawon katantanwa, duk abin da ya ba ni sha'awa sai ya ƙare a kan tagar ɗakina.

Mai kula da lambun gidanmu mutumin duwatsun kudancin Kano ne, can wajen Riruwai. Dattijo ne mai shiru-shiru, amma da an taɓo zancen garinsu sai bakinsa ya buɗe. Shi ya gaya wa Baba cewa yayansa tsohon maharbi ne, ya san duwatsun nan kamar yunwar cikinsa, kuma tun da ƙarfin farauta ya ja baya, da raka baƙi yawon dutse yake ciyar da iyalinsa. Baba kuwa yana da baƙin injiniyoyi a ofis da suka ishe shi da tambayar inda za su je shan iska ranar hutu. Sai ya ce mu za mu fara zuwa mu gani da idonmu, in tsohon ya iya aikinsa, zai riƙa tura masa su duk wata. Ranar na hango mai lambu yana ban ruwa yana murmushi shi kaɗai.

Wata Asabar a ƙarshen damina muka tashi bayan sallar asuba, da Baba da Gwaggo da yayana da ni da mai lambu da direba, a sabuwar doguwar motar Baba. Gwaggo ta sha leshi da warwaron zinariya da takalmi mai tsini, ta ce ita ba za ta je garin mutane kamar mai zuwa gona ba. Yaya ya zuba wandonsa mai faɗin ƙafa da takalmi mai tudu irin na 'yan gayun lokacin, ga kyamara a wuya. Da muka shiga dajin Falgore wasu birai suka tsallaka titi, Gwaggo ta ce direba ya tsaya Yaya ya gaisa da 'yan'uwansa, tun da sumarsu iri ɗaya ce. Haka muka tafi ana dariya har ƙauyen da ke gindin dutsen, inda mai lambu ya tsaya gaisawa da danginsa da kula da abincin da za mu ci in mun sauko.

Jagoran namu ɗan gajeren tsoho ne siriri, da takalmin taya da sandar gora. Bayan an gama gaisuwa, ƙafafunmu ya fara dubawa ɗaya bayan ɗaya. Sai ya shiga gida ya fito da takalmin robar matarsa ya rataya a sandarsa. Gwaggo ta ce Allah ya sawwaƙe. Ba mu yi hawan minti goma ba ta karɓa da hannu biyu tana sa masa albarka.

Ban san da wane baki zan kwatanta muku safiyar nan ba. Ni da tudun da na sani bai wuce Dala da Goron Dutse ba, sai ga ni a inda ruwa ke fitowa daga tsagin dutse yana sanyi kamar daga randa, ciyawa kore shar har ƙugu, in ka waiwaya ka hango gonaki can ƙasa kamar an shimfiɗa tabarmi. Tsohon yana tafe yana bayani. Ya nuna itacen da suke jiƙa ɓawonsa don zazzaɓi, da 'yan katangun dutse da ake jerawa a gangare don kada ruwa ya kwashe gonar acca, da ramukan da kakanninsu suka niƙa hatsi a jikin dutse har ya lotsa. Ni kuwa kullum ina can baya, in yi taku goma in tsaya in rubuta baiti. Da muka kai wani shimfiɗaɗɗen dutse mai faɗi kamar filin Idi, inda sawun hanya ya ɓace gaba ɗaya, na hango sun kewaye shi yana nuna wani abu da sanda. Amma a daidai lokacin wata shirwa ce ke shawagi a ƙasa da ni, abin da ban taɓa gani ba, na tsaya neman kalmar da ta dace da ita. Kafin in iso sun yi gaba. A nan na gan shi, wani farin dutse da bai wuce ƙaramar gwanda ba, zaune a kan baƙin dutse, yana ƙyalli kamar an barbaɗa masa gishiri. Na ce a raina wannan ai ba shi da mai shi, kuma zai yi kyau a tagata. Na jefa shi a jaka na bi su da sauri.

A can sama akwai ɗan ƙauye da bai fi gida goma ba, rumbuna sun fi ɗakuna yawa. Suka tarbe mu kamar sun shekara suna jiranmu. Aka kawo kunun acca da zuma a cikin saƙarta. Wata tsohuwa maginiyar tukwane ta zaunar da ni ta ba ni yumɓu, na gina wata 'yar tukunya karkatacciya da ta sa matan dariya har da riƙe ciki. Gwaggo ta tuɓe warwaronta ta karɓi taɓarya don ta nuna musu matan birni ma sun iya daka, har da jefa ta sama tana tafi, aka yi mata guɗa. Muka yi azahar a kan wani falalen dutse, iska tana kaɗa mayafina, na ji kamar kada in sauko.

Bayan salla Baba ya ce sai ya ga tsofaffin matoyan tama, inda kakannin mutanen wurin suka riƙa narka ƙarfe, waɗanda ke can gaba kaɗan. Gwaggo ta ce gwiwoyinta sun yi sallama da ita, ga kuma hadari ya fara haɗowa daga gabas. Sai tsohon ya ce mu uku mu fara sauka a hankali, shi zai kai Baba su biyo mu. Ya dubi Yaya ya ce, “Hanya ɗaya ce har shimfiɗaɗɗen dutsen nan. Ku nemi farin dutsen da na nuna muku, ku bar shi a hannun dama ku gangara. Tun ina yaro yake wurin, ba ya zuwa ko'ina.”

Jakar da ke kafaɗata ta koma kamar na ɗauko dutsen niƙa. Kalma ɗaya ce ta rage in faɗa a wurin, komai ya wuce da 'yar dariya. Amma ga Baba tsaye, ga matan da yanzun nan suka gama yabon natsuwata, sai kunya ta ɗaure mini baki. Na ce a raina zan yi gaba in mayar da shi ba wanda ya sani. Ashe gajimare ya riga ni. Kafin mu kai wurin ya sauko ya lulluɓe mu, ruwa ya ɓarke, duk baƙaƙen duwatsun suka koma iri ɗaya. Yaya yana ta zagaye yana neman farin dutse, ni kuwa ga shi nan yana dukan haƙarƙarina. Ko na fito da shi a lokacin, ban san kan wanne zan ɗora shi ba. Na ci gaba da yin shiru, muka bi wata gangara da Yaya ya rantse ita ce.

Ba ita ba ce. Ta kai mu wani kwazazzabo mai dogayen ciyayi da taɓo. Taɓon ya haɗiye takalmin aron Gwaggo ƙafa ɗaya, tudun takalmin Yaya ya ɓalle ya koma tafiya kamar agwagwa, kyamara ta sha ruwa. Gwaggo ta zauna a kan wani dutse ta fara wasiyya, tana lissafa wadda za a ba kowane warwaro, ta ce ni kada a ba ni ko ɗaya don zan yar da shi garin kallon tsuntsu. Ina dariya ina hawaye, su suna zaton tsoro ne. Mun fi awa biyu muna bulayi kafin wasu mata masu ɗauke da itace su ji kiran Yaya. Suka yi mana sannu suna ƙunshe dariya, ɗaya ta cire takalminta ta ba Gwaggo, suka fito da mu ta bayan ƙauyen ana shirin magariba.

A can muka tarar tsohon ya hau dutsen ya sauko har sau biyu yana nemanmu, ƙwaurinsa ya fashe yana jini. Baba ba mai faɗa ba ne, amma ranar a gaban mutanen gari ya ce jagora ba ya rabuwa da baƙinsa, kuma dutsen da ake ta magana ma babu shi a wurin. Tsohon ya sunkuyar da kai ya ce laifinsa ne, Alhaji ya yi haƙuri. Sau ɗaya ya ɗago ya dube ni, sannan ya ce a kawo mini ruwan zafi, sanyi ya kama ni.

Mako biyu ina ɗauke da abin. Baba ya gaya wa injiniyoyinsa su nemi wani wurin. Murmushin mai lambu ya ɗauke. Da farko na ɓoye dutsen a ƙasan akwatin kayana, amma don wauta, wata safiya na fito da shi na ɗora a taga don in ga yadda rana za ta haska shi. Ina kwance sai na ji ƙarar ruwan da ake zuba wa furannin ƙarƙashin tagar ta tsaya. Na leƙa, muka haɗa ido da mai lambu. Ya daɗe yana kallon dutsen, sannan ya ce a hankali, “'Yar Alhaji, wannan dutse ya yi nisa da gida. Mata masu itace da shi suke gane hanya in gajimare ya sauko.” Ya ci gaba da ban ruwansa. Ban taɓa jin faɗan da ya shige ni kamar wannan maganar ba.

Da rana ana cin abinci na kawo dutsen na ajiye kusa da kwanon tuwo, na faɗi komai. Gwaggo ta yi salati, sannan ta fashe da dariya har ɗankwalinta ya zame, ta ce ashe tana can tana rabon gado ɓarauniyar hanya tana gefenta tana taya ta kuka. Yaya ya ce sai na ɗinka masa takalminsa da hannuna. Baba bai yi dariya ba. Ya sa aka kira mai lambu, ya miƙe tsaye ya ba shi haƙuri, ya ce Asabar za mu koma, kuma a hannu zan riƙe dutsen har sama, ba a jaka ba.

Haka aka yi. Baba ya nemi gafarar tsohon a daidai inda ya yi masa faɗa, a gaban mutanen da suka ji. Da muka hau, na tarar tun washegarin ranar da muka ɓace tsohon ya sa wani farin dutsen a gurbin, amma ya ɗauke shi ya ce in mayar da na asali da kaina. Bayan na ajiye na tambaye shi ko ya san ni ce. Ya yi dariya ya ce, “Da kuka sauko na ga jaka ta rinjayi kafaɗarki. Littafi ba ya wannan nauyin.” Na ce to don me ya ɗauki laifin da ba nasa ba. Ya ce, “Kin sha kununmu, 'yata. In na tona ki a gaban mahaifinki da mutanen gari, da wane ido za ki sake kallon dutse ki ji daɗi?” Tun daga watan Baba ya fara tura masa baƙi, kuma an ce daga lokacin tsohon ba ya buɗe baki a wurin farin dutsen nan sai ya ƙirga kawuna ya ga na ƙarshe ya iso.

Abin da na koya shi ne, ɗaukar dutsen kuskure ne na rashin sani, amma shirun da na yi da sanina na yi shi, kuma shi ne ya kusa raba bawan Allah da abincin iyalinsa. Don haka 'yan'uwana, musamman masu son kyawawan abubuwa irina, in kun je garin mutane ku matsa kusa da mai yi muku bayani, baitin waƙa zai jira. Abin da kuka gani a ajiye a daji, wataƙila hannu ne ya ajiye shi, wani kuma da shi yake komawa gida. In kuma kun yi kuskure, ku faɗa tun yana ɗan ƙarami, kafin wani ya sunkuyar da kai a madadinku.

Har yanzu akwai abu daga dutsen nan a tagata. Ranar da muka koma, tsohuwar maginiya ta miƙo mini 'yar karkatacciyar tukunyar da na gina, ta gasa mini ita. Ba ta ƙyalli, ba ta ma iya zama daidai sai an tokare ta. Amma ita ba ni aka yi.