Kwalayen Tsaraba

Yanzu abaya biyu gare ni, tukunya ɗaya, sai katifa. Abokan aikina na tsokanata wai na zama waliyyiya. Ba wani walicci, sayayya ce kawai ta fita daga raina.

Da ba haka nake ba. Aikin jinya ya kawo ni Jidda, kuma duk wanda ya zauna Saudiyya ya san ba a komawa gida hannu rabbana. Kowa da rabonsa: darduma ga kawunnai, abaya ga gwaggwanni, turare, agoguna. Har maƙwabciyarmu ta gida da ba ma ga maciji da ita sai da na saya mata mayafi, don kada ta samu abin faɗa. Duk ranar da ba aiki ina kasuwa. Kwalaye suka cinye ɗakina a unguwar Aziziyya, da ƙyar nake samun wurin salla.

Hutun shekara ya zo na ɗaga shi, wai tsaraba ba ta cika ba. Na sake ɗagawa. Inna, mahaifiyata, ta ce a waya, "Ke dai ki taho, 'yar nan. Ni ba kanti zan buɗe ba." Na yi dariya na ce saura kaɗan.

Ina bakin aiki ƙanwata ta kira ta ce Inna ta rasu. Na ƙarasa ba marar lafiya maganinsa, na wanke hannuna. Ban yi kuka ba, har yau ban yi ba, kuma abin yana ba ni kunya.

Kwana biyar na yi ina jiran takardar izinin fita daga ƙasar. A cikinsu na kira matar da ke ƙasan benenmu, Bahaushiya haifaffiyar Jidda, na ce ta kwashe kwalayen ta rabar wa mabuƙata a unguwar Mahjar. Ta ce, tana haɗawa da Larabci, "Kullu, duka? Ya ukhti, 'yar'uwata, ki bar ko ɗaya mana." Na ce, "Halas, magana ta ƙare, kwashe." Ina zaune ina kallo kamar kayan wani ake fitarwa.

Da jakar hannu na sauka Kano. Ba wanda ya tambaye ni tsaraba. Bayan addu'ar bakwai ƙanwata ta ja ni ɗakin Inna, ta jawo wani kwali daga ƙarƙashin gado. Wanda na aika mata ne ta kargo bara, da igiyarsa yadda na ɗaure shi. Ta ce, "Yaya, hana mu taɓawa ta yi. Cewa take sai kin zo ku buɗe tare."