Ranar da Fatalwa ta Uku ta Buɗe Baki

Duk Bahaushen da ya daɗe a Alƙahira ya san Iya Fatu, ko da bai taɓa shiga ɗan ɗakinta na bayan tashar jirgin Ma'adi ba. Girki ta zo yi a gidan wani ma'aikacin ofishin jakadanci. Da mai gidan ya gama wa'adinsa ya koma Abuja, ita ta ce ba inda za ta, domin a Gusau ba abin da ya rage mata sai kaburbura. Ba ta da ɗa, ba ta da jika. Abin da ta mallaka shi ne keken ɗinki, sai baki wanda direbobin tasi na Masar ma ke shakka.

Amma ba ɗinki ne ya sa aka san ta ba. Matanmu da ake kawowa asibiti daga gida, idan kwana ya ƙare, ita ake kira ta wanke su. Tana wankan tana yi wa gawa magana da Hausa: sannu, bari in juya ki, kin kusa hutawa. Shekara da shekaru ƙawarta Nana Fatima ce ke zuba mata ruwa, har tsufa ya mayar da ita gida. Tun daga nan Iya Fatu ta bi matanmu gida-gida tana roƙon ko ɗaya ta zo ta koya. Wannan ta ce tana da juna biyu, waccan ta ce miji bai yarda ba, wata ta ce ko kaza aka yanka kawar da kai take yi. Tsoron tsohuwar guda ɗaya ne, kuma ba ta ɓoye shi. Ta san Misirawa na da masu wanka, ba za a bar ta a yashe ba, amma ita ba ta so a juya ta da Larabci a hannun wadda ba ta san ko sunanta ba.

Kowace shekara a ƙarshen Disamba, iyalan ma'aikatan ofishin, Musulmi da Kirista, kan kama wani zaure a Ma'adi su yi wasan kwaikwayo. Tsohon labarin nan ne na Turawa, na marowacin da fatalwa uku suka ziyarta a jajibirin Kirsimeti har ya tuba. Mu dai mun mayar da shi namu. Marowacin ya zama Ɗantsoho, ɗan kasuwar Ataba. Fatalwa ta farko ta nuna masa ƙuruciyarsa, ta biyu ta zagaya da shi gidajen talakawan da ke cin abinci suna dariya, ta uku kuma ta nuna masa ranar mutuwarsa. Wannan ta ukun ba ta magana ko kaɗan, nuni kawai take da yatsa, kuma Iya Fatu ce ke fitowa a matsayinta tun farkon fara wasan.

Turawa baƙin kaya suke sa wa tasu. Iya Fatu ta ce a garinsu mutuwa da fari take tafiya. Sai ta ɗauko likkafaninta na kanta, wanda ta saya a Ataba ta jiƙa shi da zamzam shekarar da ta sauke farali, ta lulluɓa babban ƙyallen tun daga ka har ƙasa. Kabarin kwali ya kamata ta nuna wa Ɗantsoho, amma kowace shekara sai yatsan ya zame ya bi layin da mata ke zaune, a hankali, fuska bayan fuska.

Bana aka yi sabon shugaban kwamiti, Malam Bukar, mutumin kirki amma mai gudun ɓacin ran jama'a. Ƙorafi ya taru a kansa. An ce yara na firgita, wasu ɗalibai kuma suka ce wasa da likkafani bai dace ba. Ni dai na sha zama a zauren nan, ban taɓa ganin yaron da ya yi kuka ba, iyayensu mata ne ke sunkuyar da kai. Bukar ya je har ɗakinta, ya durƙusa ya gaishe ta, ya yi ta kewaye-kewaye da ma'alish, wato ban haƙurin Misirawa, daga ƙarshe ya ce bana ta huta. An ba Bakri, wani dogon Basudane, baƙar riga da fuskar ƙwarangwal ta roba. Ita dai ta ci gaba da taka kekenta har ya gaji ya yi sallama. Wanda ya san ta ya san wannan shirun ba na haƙuri ba ne.

Ranar wasan, bayan la'asar, ta shigo da kayanta na gida ta zauna a layin gaba, kujerar da aka tanada wa manya. Likkafanin na kan cinyarta a ninke. Ba wanda ya iya ce mata ta tashi. Wasa ya yi nisa, aka zo wurin da gawar Ɗantsoho ke kwance a kan gado, maƙwabta na turo juna, kowa na cewa ba shi zai wanke ba. Mutane suka yi dariya kamar yadda suka saba. Bakri ya ɗaga yatsa, ita kuma ta miƙe ta juyo ta fuskanci zauren.

"Malam Bukar, na gode," in ji ta. "Da ina fatalwa ba ni da baki. Tun da kun cire ni, yau zan yi magana."

Bukar ya taso yana cewa Iya a yi haƙuri a bari a gama. Ko kallonsa ba ta yi ba. Ta ɗaga ƙyallen sama, ta ce wannan ba kayan wasa ba ne, nata ne, a cikinsa za a sa ta. Ta kira sunayen wasu matan da ta wanke, cikinsu har da iyayen waɗanda ke zaune a wurin. Ni ma a nan hawaye suka zo mini.

"Ba a fafe gora ranar tafiya," ta ce. "Wacece a cikinku za ta wanke ni? Ba zan zauna ba sai na ga fuskarta."

Ba wadda ta taso. Bakri na nan tsaye da yatsa a sama, ya rasa ko ya sauke. Aka daɗe a haka, ita kuwa ko gezau, ga ta da ciwon gwiwa. Can sai kujera ta motsa. Aminat ce, matar Bukar ɗin kansa, wadda a bara ta ce ko jini ba ta iya kallo. Ta taho ta tsaya a gabanta, ta miƙa hannu biyu za ta karɓi likkafanin.

Iya Fatu ta janye abinta ta rungume.

"Ba yau ba, 'yar nan, ban shirya ba tukuna. Ki zo ɗakina ranar Asabar, kuma ki yanke wannan farcen kafin ki zo."

Sannan ta juya ta dubi Bakri, ta ce yalla, maza ya ƙarasa, amma ya sani aro aka ba shi, baɗi mai abu za ta karɓi abinta. Ta koma kujerarta ta zauna, ta ɗora likkafanin a kan cinya, ta kama hannun Aminat ta riƙe har aka tashi.