Layin da aka rubuta wa Yaya Laminu

Bana shekara arba'in ke nan da rasuwar yayana Laminu. Duk wanda ya tambaya a garinmu, kusa da Gidimuni, ana ce masa atuni ne ya kashe shi, atunin shekarar fari. Haka aka rubuta a littafin likita. Ina tsaye aka rubuta.

A shekarar, shanu ba sa iya tashi da kansu. Saniya ta kwanta, sai a zura mata katako biyu ƙarƙashin ciki, mutum huɗu su ɗaga, ɗaya ya riƙe wutsiya. Saniya ɗaya ta rage mana daga garken mahaifinmu, kuma kullum da safe sai mun tashe ta. Ranar nan ta zame, bakin katakon ya dawo ya doki Yaya a gefen ciki. Ya zauna a ƙasa na ɗan lokaci, ya tashi ya kaɗe rigarsa. Na duba wurin. Babu jini, fatar ma ba ta ƙuje ba.

Kwana biyu bayan nan cikinsa ya ɗaure, ya fara ganin jini in ya zaga. Na ɗora shi a amalanke muka tafi ɗakin shan magani. Ni aka tura domin ni na yi lakwal, wato makarantar boko, ina jin Faransanci kaɗan. A hanya ya ce mini, “Ƙane, kada ka yi zancen saniyar nan. A ce dabbar da ba ta iya tsayuwa ce ta kayar da ni? Abokaina su Habu ba za su bar ni in zauna a dandali ba.” Har dariya ya yi, yana dafe da ciki.

Layin masu jiran magani ya kai bakin titi, kusan kowa ciki ne ya kawo shi. Majo, wato babban ma'aikacin wurin, shi kaɗai ne. Ya tambaye ni ko ciki na ciwo, na ce e. Ko akwai jini, na ce e. Ya rubuta atuni, ya ba mu ƙwayoyi, ya ce a riƙa ba shi ruwa da kunu. Ban yi ƙarya ko ɗaya ba. Na sha juya wannan a raina, ina bin tambayoyin ɗaya bayan ɗaya. Mun koma gida, na riƙa ɗura masa kunu kamar yadda aka ce. A kwana na huɗu ya cika. Ban yi kuka ba. Washegari ma mun je mun ɗaga saniyar.

Ya bar jaririya, Hadiza, ni na riƙe ta. Yanzu tana aiki a wani asibiti a nan Zinder, a ofishin da ake bai wa kowace cuta lambarta kafin a shigar a na'ura. Da sallar da ta wuce take ba ni labarin aikin. Ta ce bugu a ciki ba lamba ɗaya ba ce. In jini ya kwanta a jikin babban hanji, lambarsa daban, in hanjin ya fashe, daban, kuma sai an rubuta abin da ya bugi mutum. Ta ce likita in ya ji an bugu, ko babu rauni a waje, ba ya sallama. Yana kwantar da mutum, ya hana shi ci, a ɗauki hoton ciki, a riƙa taɓa cikin ana dubawa, domin wurin da ya bugu yana iya hujewa bayan kwanaki. Sai ta ce, “Ni ta Babana ma na haddace ta, lambar atuni.”

Wata uku ina ɗauke da wannan magana. Ban san me Yaya zai ce da zamanin da katako ma yake da gurbi a takarda ba. Wataƙila ya yi dariya, ya ce yanzu kenan har na'ura za ta san saniya ta kayar da shi. Kuma ban sani ba ko a wancan lokacin faɗar gaskiya za ta cece shi. Zinder da nisa a amalanke, jakinmu ma ƙashi ne da fata. Amma Majo bai samu damar gwadawa ba, kuma ni na hana shi.

Ranar Juma'ar da ta wuce na gaya wa Hadiza komai. Sai ta tambaye ni inda katakon ya doke shi, dama ne ko hagu. Na ce hagu, ƙasan haƙarƙari. Ta ɗauki biro ta rubuta wata lamba a tafin hannunta.

Na ce, “Za a iya gyara littafin?”

Ta ce, “Baba, wane littafi? Gara ta cinye shi tun ban yi wayo ba.”

Abin da ya rage na Yaya ba shi da yawa: rijiyar da ya yashe, da ’yar da take da goshinsa. Ta zauna har la'asar, ba ta wanke hannun ba sai da ta tashi yin alwala.